Belif, Fom 48 da lambun da ba ya jira: sharhi kan hidimar aiwatar da umarnin kotu a Legas

Alayyafo sati uku zuwa huɗu yake yi a fangali a tsige shi. Latas kuwa, daga dashe zuwa yanka, wata ɗaya ne da 'yan kwanaki. Da wannan mudun ya kamata a auna duk wata hidima da aka ce tana kare mai lambu a Legas, kuma da shi za mu auna wadda aka fi yin tambaya a kanta, wato aikin da sashen Sharif (jami'in aiwatar da umarnin kotu) na Babbar Kotun Jihar Legas da masinjojinsa, waɗanda aka fi sani da belif, suke yi bayan alƙali ya ce a ƙyale manomi ya yi aikinsa.

Duk wanda ya san lambunan 'yan Arewa na wajen Ojo da Iyana Iba, da na hanyar Badagry, da gonakin Ikorodu da Epe, ya san yadda rigimar take farawa. Mutum ya karɓi fili, ya sare ciyawa, ya haƙa rijiya, ya zuba kashin kaji, fangula sun yi kore shar. Ran nan da asuba ya zo ban ruwa sai ya tarar da tifa ta juye jar ƙasa a kan layi biyu na latas, an yanke tiyo, an kafa turakun siminti masu lamba a kusurwa, wasu samari na zaune a kan bulo suna cewa filin na gidansu ne. Su ne omo-onile, ko kuma yaran wani da ya ce ya saya daga hannunsu. Daga nan ne ake cewa a je kotu a karɓo takarda.

Hukuncinmu a taƙaice shi ne hidimar tana da haƙori, domin ƙarshenta mai taurin kai yana iya kwana a gidan yarin Kirikiri ko na Ikoyi. Amma tana da nawa, kuma ba ta yafe kuskuren takarda ko ƙanƙani. Yawancin waɗanda suka ce takardar kotu ba ta yi musu komai ba, in ka bi diddigi, za ka ga tun wajen rubuta umarnin ko wajen miƙa shi aka yi ɓarin.

A fara da ita kanta takardar, don iri uku ce, kuma mutane na haɗa su wuri ɗaya. Akwai umarnin gaggawa da alƙali ke bayarwa bayan ya saurari ɓangare ɗaya kawai. A ƙa'idojin Babbar Kotun Legas na 2019 wannan kwana 7 ne ransa. Ana iya ƙara masa wasu kwanakin da ba su wuce 7 ba, da sharaɗin a nemi ƙarin kafin na farko ya mutu, kuma an riga an kai wa ɗaya ɓangaren takardar neman umarni na gaba. Akwai na biyu, wanda ake bayarwa bayan an ji kowa, shi ne mai tsayawa har a gama shari'a. Na uku shi ne na dindindin, wanda ke zuwa tare da hukuncin ƙarshe. Sau da yawa za ka ga manomi ya sa takardar kwana 7 a leda, ya liƙa a jikin bukkar lambu, wata biyu yana nuna wa duk wanda ya zo, alhali ta daɗe da mutuwa. Lauyan ɗaya ɓangaren ya san lissafin kwanakin sarai, ranar ta takwas katafila za ta dawo. Don haka tambayar farko ga lauyanka ita ce: Barista, wannan wace iri ce, kuma yaushe za ta ƙare?

Akwai kuma abin da ba a cika gaya wa mutum ba. Kafin a ba ka umarnin wucin gadi, kana ɗaukar alkawari a rubuce cewa idan daga baya ta bayyana ba ka cancance shi ba, za ka biya asarar da ka jawo wa abokin shari'arka. Kotun Ƙoli ta jaddada wannan tun a shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya a 1989. Wanda ya dakatar da ginin wani na wata shida alhali ya san wa'adin hayarsa ya ƙare, ya san abin da ya sa wa hannu.

Kalmomin umarnin su ne rabin aikin, kuma nan ya kamata manomi ya zauna da lauya ya ɓata lokaci. Alƙalai na son cewa kowa ya tsaya a inda yake har a saurari ƙara. Wannan yana da daɗin ji, amma ga mai lambu tarko ne. Idan an riga an zagaye filin da kwano an sa kwaɗo, to inda kowa yake shi ne kai a waje, su a ciki, latas na bushewa. Umarnin da ke aiki shi ne wanda ya faɗi abubuwa da sunansu: kada wane, ko wakilansa, ko ma'aikatansa, su shiga filin da ke cikin taswira mai lamba kaza, kada su hana mai ƙara da yaransa shiga da fita, kada su hana ban ruwa, girbi da fitar da kaya zuwa kasuwa, kada su zuba yashi, su kafa tubali, ko su taɓa rijiya da injin ban ruwa. Dalili shi ne ba a ɗaure mutum a kan saɓa abin da ba a bayyana ƙarara ba. Idan umarni ya ce kada a yi gini kawai, wanda ya toshe hanyar shiga da tifar duwatsu zai ce shi bai yi gini ba, kuma da wuya a kama shi.

Haka batun iyaka. "Lambun da ke bayan kanal" ba adireshi ba ne a idon kotu. Ana buƙatar taswirar safiyo mai rajista, da lambobin turaku, ko aƙalla zane mai nuna iyakoki huɗu da kowa zai gane. Belif ba safiyo ba ne, abin da aka rubuta masa kawai yake bi. Kuma tunda za a kira safiyo, a roƙe shi ya duba matsayin filin a ofishin Babban Safiyon jiha, domin filaye da yawa a gefen Legas suna cikin waɗanda gwamnati ta karɓe, sai wanda aka yanke wa ƙauye aka buga a gazet, jaridar sanarwar gwamnati. In filin na gwamnati ne, da kai da omo-onile duk baƙi ne a kansa.

Sai sunan mai ƙara da na wanda ake ƙara. Ƙungiyar masu lambu da ba ta da rajista ba ta iya shigar da ƙara da sunanta. Ko dai a yi mata rajista, ko mutum biyu ko uku su shigar da sunayensu a madadin kansu da sauran manoman, a haɗa jerin sunaye da fangulan kowa. A ɗaya gefen kuma, samarin da ke zaune a kan bulo ba su ne abin nema ba. Yau su ne, gobe wasu. A nemo cikakken sunan wanda ya turo su, shugaban gidan da ke iƙirarin filin, ko kamfanin da ya saya tare da daraktocinsa. Laƙabi ba ya wadatarwa. Allon da aka kafa a filin, rubutun jikin katanga, da rasit ɗin da aka taɓa ba wani maƙwabci, duk wuraren samun suna ne.

Yanzu ga inda aikin belif yake farawa. Dokar da ke tafiyar da shi ita ce dokar Sharif da takardun shari'a, wadda sashe na 72 nata ya ba kotu ikon tsare wanda ya ƙi bin umarni, tare da ƙa'idojin aiwatar da hukunci da ke ƙarƙashinta. Matakin farko, magatakardan kotu ya fitar da kwafin umarnin, a manna masa gargaɗin da ake kira Fom 48. Gajere ne, abin da yake cewa shi ne: ka sani, in ba ka bi abin da ke cikin wannan umarni ba, ka raina kotu kuma za a iya kai ka gidan yari. Belif ya kai wa mutumin hannu da hannu, ya dawo ya yi takardar rantsuwa mai nuna rana, lokaci, wuri da wanda ya karɓa. Idan mutumin ya ci gaba da saɓawa, bayan aƙalla cikakkun kwana 2 da miƙa ta farko, sai a nemi Fom 49, wadda ke kiransa ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a tsare shi. Ita ma hannu da hannu. Sannan lauya ya gabatar da buƙatar tsarewa tare da hujjojin saɓawar, a sa rana.

A kan takarda sati ɗaya ya isa. A zahiri, "hannu da hannu" ɗin nan ne ke cinye makonni. Belif ya isa ƙofar gida a Lekki ko Festac, ya ƙwanƙwasa, maigadi ya leƙo ta ƙaramar taga ya ce oga ya yi tafiya, alhali ga motarsa nan ana wankewa. (Sau da yawa maigadin ma ɗan gida ne, ya ji Hausar mai lambun da ya rako belif, ya san gaskiya, amma albashinsa yake karewa.) Idan belif ya gaji ya ajiye takardar wajen maigadi ko sakatariya ya rubuta cewa ya miƙa, an gama da ku. Shari'ar raina kotu kusan ta laifi ce, ana buƙatar hujjar da babu kokwanto a cikinta, kuma kotunan ɗaukaka ƙara sun sha rushe hukuncin tsarewa saboda ba a miƙa Fom 48 ko 49 yadda doka ta ce ba. Maganin shi ne kada a yi ta zarya. Bayan yunƙuri biyu ko uku, belif ya rubuta rantsuwar cewa bai same shi ba, lauya ya koma ya nemi izinin alƙali a miƙa ta wata hanya, kamar liƙawa a ƙofar gidansa ko a filin. Da izinin alƙali liƙawa miƙawa ce, ba da izini ba kuwa ɓarnar gam ce. In kamfani ne, ba a ɗaure kamfani, don haka a tabbata takardun sun isa hannun daraktan da ake son kamawa.

Abin yabo a nan shi ne Fom 48 kaɗai takan yi aiki fiye da yadda ake zato. Ɗan kasuwa mai neman sayar da fulotai ba ya son a ji sunansa a shari'ar raina kotu, ɗan kwangilar da aka ɗauko kuma ba zai bar katafilarsa a filin da ke da rigima ba, kuɗin hayarta kullum tafiya yake. Shi ya sa muke ganin hikima ce a ba direban katafila da mai kula da ginin nasu kwafin su ma, a ɗauki hoton miƙawar. Daga ranar ba su da bakin cewa ba su sani ba.

Hujjar saɓawa kuwa a hannun manomi take, belif ba ya gadin gona. Ya zo, ya miƙa, ya tafi. Abin da ya faru bayan nan sai abin da ka nuna. A ɗauki hoton filin gaba ɗaya ranar da aka miƙa umarni, daga kusurwa huɗu, turaku na fitowa. Duk abin da ya biyo baya a ɗauke shi da waya ɗaya, a bar asalin a cikinta, kada a dogara da wanda aka tura ta WhatsApp ya zagayo. Lambar tifa, fuskar mai ba da umarni, rana da lokaci. Sashe na 84 na dokar shaida ta 2011 yana buƙatar takardar tabbatarwa ga duk abin da ya fito daga waya ko kwamfuta, mai bayyana na'urar da yadda aka samar da hoton, don haka wayar da mai ita su kasance a kusa. A riƙa rubuta asara a littafi tun ranar farko: fangali nawa, me aka shuka, kwana nawa ya rage a girbe, buhun taki nawa, kuɗin iri da na man inji, da farashin da dillalan kasuwar Mile 12 ko masu sari a bakin lambu suka saya a satin. Asarar amfanin gona sai an lissafa ta dalla-dalla an kawo shaida kafin kotu ta ba da diyyarta, "sun ɓata min komai" ba ya zama kuɗi.

Batun 'yan sanda shi ne inda aka fi jin haushi, kuma rabin haushin rashin fahimta ne. Mutum ya ɗauki umarninsa ya tafi wajen DPO, a ce masa wannan maganar fili ce, ya koma kotu. Akwai gaskiya a ciki, domin dokar 'yan sanda ta 2020 ta hana kama mutum a kan rigimar da ba ta laifi ba. Amma sashe na 287 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ɗora wa dukan hukumomi da mutane bin hukuncin kotu, dokar Sharif kuma ta ce wajibi ne 'yan sanda su taimaka wajen aiwatar da takardun kotu. Hanyar da ke ɓullewa ita ce buƙatar rakiya ta fito daga ofishin Sharif zuwa ga Kwamishinan 'Yan Sanda a Ikeja, sashen shari'a na rundunar ya tantance takardun, sannan umarni ya sauko zuwa ofishin yanki. Wannan ma kwanaki ne, a fara shi tun ranar da aka samu umarni, kada a jira sai an ga katafila. In kuma ana batun fitar da mutane ne daga fili bayan hukuncin ƙarshe, a tuna ba a aiwatarwa ranar Lahadi ko ranar hutu, ko kafin ƙarfe 6 na safe, ko bayan 6 na yamma, sai da izinin alƙali. Masu kutse sun san haka, shi ya sa aikinsu na daren Asabar ne.

A nan ne muke ganin bai kamata a dogara da ƙofa ɗaya ba. Dokar kare kadarori ta Jihar Legas, wadda Gwamna Akinwunmi Ambode ya sa wa hannu a 2016, ta mayar da ƙwace fili da ƙarfi laifi mai ɗaurin shekara 10, wanda kuma ya yi kutse ya ƙi fita bayan an nemi ya fita zai iya fuskantar tarar da ta kai naira miliyan 5, ko shekara 5, ko duka biyun. Akwai kwamiti na musamman a ƙarƙashin Ma'aikatar Shari'a da ke Alausa mai karɓar koke a kan masu ƙwacen filaye. Koken da aka haɗa masa kwafin umarnin kotu mai hatimi, da rantsuwar belif, da hotuna, ya fi wanda ya zo hannu rabbana nauyi nesa ba kusa ba. Sare shuka, fasa inji da duka kuwa laifuffuka ne masu zaman kansu, a kai rahotonsu da sunansu, kada a ce "rigimar fili", don da ka faɗi haka ka ba da ƙofar sallamarka.

Amma dokar nan kaifi biyu gare ta. Ta hana 'yan banga da ƙungiyoyin ƙabila aiwatar da hukuncin fili da kansu. Wanda ya ga takarda a hannunsa ya tara samari daga Alaba Rago ko Agege a je a rushe katangar da aka yi, ya mayar da kansa wanda ake tuhuma, ga kuma rigimar da za ta koma ta Hausawa da Yarabawa, wadda ba ta taɓa yi wa mai lambu daɗi ba. Kotun Ƙoli ta yi tir da ɗaukar doka a hannu a 1986, a shari'ar Gwamnan Soja na Legas da Ojukwu kan wani gida a Ikoyi, kuma gwamnati ce ma aka ja wa kunne a ranar, balle talaka.

Inda hidimar ta fi rauni shi ne inda yawancinmu muke tsaye. Mai lambu a Legas da wuya ya zama mai fili, haya ce ko aro, sau da yawa da baki aka yi, a gaban Baale, wato mai unguwar Yarabawa, ko wani dattijon gida. Doka tana kare wanda fili ke hannunsa daga duk mai kutse, ban da wanda ya fi shi haƙƙi. Ma'ana za ka iya samun umarni a kan baƙon da ya faɗo daga sama, amma idan gidan da suka ba ka ne suka sayar, abin da za ka iya nema bai wuce a mutunta wa'adin da ka biya, a ba ka sanarwa, a bar ka ka kwashe amfaninka ba. Ko wannan ɗin sai da shaida. Rasit mai kwanan wata, mai faɗin girman fili da tsawon wa'adi, da sa hannun shugaban gidan da shaidu biyu, ya fi alkawarin baki ɗari. Biya ta banki ya fi tsabar kuɗi, don yana barin sawu. In gwamnati ce ta karɓi filin don aikin jama'a, umarnin dakatarwa da wuya ya samu, maganar ta koma diyya, kuma sashe na 29 na dokar amfani da ƙasa ta 1978 ya ambaci amfanin gona cikin abin da ake biya. A tabbata an ƙirga fangula da sunan mai shuka ranar da jami'ai suka zo ƙidaya, in ba haka ba kuɗin ya tafi gidan masu ƙasa.

Kuɗi kuma kashi biyu ne. Akwai na hukuma, wanda ake tantancewa a ofishin rajistar kotu a biya a karɓi rasit. Akwai kuɗin motar belif da na rakiya, wanda ya danganta da nisa, zuwa Epe ba ɗaya yake da zuwa Ikeja ba. A yi maganarsa da lauya tun farko, a rubuta: zuwa nawa, har da Fom 48 da 49 ko ban da su. Lauyoyi da yawa kuɗin samo umarni kawai suke yankewa, ranar da aka saɓa sai a buɗe sabon ciniki, lokacin da manomi ba shi da abin sayarwa. Wanda ba shi da hali ya gwada Ofishin Lauyan Jama'a na jiha, OPD, mai hedikwata a Surulere, wanda ke aiki kyauta. A kuma shigar da ƙara a reshen kotun da filin yake, Badagry, Ikorodu, Epe ko Ikeja, don kuskuren reshe wata ƙofar jinkiri ce.

Dabarun jinkirin ɗaya ɓangaren sanannu ne: a ce kotu ba ta da hurumi, a nemi a jingine umarnin, a ɗaukaka ƙara. Ɗaukaka ƙara kaɗai ba ta dakatar da umarni, sai kotu ta ce an dakatar, amma takan sa a yi ta ɗage zama. Ga kuma dogon hutun kotu daga ƙarshen Yuli zuwa Satumba, lokacin da alƙalan hutu kaɗai ke zama, su ma sai an nuna musu takardar rantsuwar gaggawa. Kayan lambu masu lalacewa hujja ce mai kyau ta gaggawa, in lauya ya rubuta ta da kwanaki: an dasa ran kaza, za a yanka ran kaza, kwana biyu ba ruwa ya mutu.

Saboda haka, ga mai rogo, ayaba ko kwakwar manja a Epe da Agbowa, mai takardar saye ko doguwar haya, wannan hidima ta cancanci kuɗinta da wahalarta, don amfaninsa zai iya jiran kotu. Ga mai latas da alayyafo a filin aro, mun fi ganin amfaninta a matsayin abin riƙewa a hannu wajen zaman sulhu. Cibiyar sasanci ta Multi-Door da ke aiki tare da Babbar Kotun Legas tun 2002 tana zaunar da ɓangarori, kuma yarjejeniyar da aka cimma a can, in alƙali ya sa mata hannu, ta zama hukuncin kotu da ake aiwatarwa kamar kowane. A irin wannan zama abin nema shi ne ranar tashi a rubuce wadda ta wuce girbi na ƙarshe, hanyar shiga a buɗe har zuwa ranar, izinin kwashe inji da tiyo da kwanon bukka, da adadin diyyar fangulan da aka riga aka binne, tare da ranar biya da lambar asusun da za a tura.